Yashin wasan yara daga wajen masu tifa: yadda ta kaya tsakanina da su

Mutumin da ya kawo min yashin nan zan ba shi maki uku da rabi cikin biyar, kuma da gini nake yi da huɗu da rabi zan ba shi ba tare da na yi wani dogon tunani ba, domin mutum ne mai gaskiya, bai yi min ƙarya kan inda ya ɗebo kayansa ba, bai kuma ƙara min ko kwabo kan abin da muka yi ciniki ba. Matsalar kawai ita ce ni ba gini nake ba, wurin wasan ƙasa nake haɗa wa yara a tsakar gida, nawa da na maƙota da ke taruwa a wajena bayan islamiyya, su kuma masu tifa duk tunaninsu a kan bulo da kankare da filasta yake. Ba laifinsu ba ne, sana'arsu kenan. Amma ke da za ki zaunar da ɗan shekara biyu a cikin yashin, wanda duk abin da hannunsa ya taɓa sai ya kai baki, dole ki je musu da idonki a buɗe.

A Kano dai kowa ya san irin wuraren, bakin titi ne inda tifofi ke jere, direbobi na zaune a benci ƙarƙashin bishiya, kina tsayawa 'yan kamasho sun yo kanki. Tambayar farko da aka yi min ita ce Hajiya na bulo ne ko na shafe. Na ce na yara ne za su yi wasa a ciki. Wallahi sai da suka kalli juna, ɗaya ya ce Hajiya yara kuma ai duk inda suka samu ƙasa wasansu suke, mu ma a haka muka tashi. Gaskiyarsa ce fa, ni ma a turɓayar ƙofar gida na tashi ina dafa tuwon ƙasa a gwangwanin tumatir, sai dai ƙofar gidan da na sani a da ba ita ce ta yanzu ba, ga kwata ga leda ga fasassun kwalabe ga babura na wucewa, shi ya sa ma nake son su samu nasu wurin a ciki.

Wani dattijo a cikinsu, shi ne wanda na ƙare da shi, ya ce su ba ni wuri, ya ja ni gefe ya nuna min tsibi-tsibin da suke ajiyewa na samfur. Akwai yashin rafi mai kaushi wanda ke da 'yan tsakuwoyi a ciki, shi ake buga bulo da zuba kankare, in kika murza shi a tafin hannu yana karce ki, yaro in ya durƙusa a kai gwiwarsa za ta yi fari-fari ta kwaile. Akwai mai laushi na filasta, shi ya fi daɗin taɓawa kuma shi ke kama jikinsa in an jiƙa a yi ɗaki da shi, amma sau da yawa da laka da ƙura a cikinsa. Akwai jar ƙasa da marmara na ciko, waɗannan ki manta da su sai in kina son wankin da ba ya fita. Sai kuma garin dutse, wanda ake kwasowa daga inda injina ke fasa dutse, launinsa toka-toka, a ido tsaf-tsaf ba ɗigon datti.

Garin dutsen nan shi wani yaro ɗan kamasho ya dage sai na saya, wai Hajiya wannan ba kashin shanu ba komai, daga inji sai mota. Kada ki yarda. Dutsen da ake fasawa akwai sinadarin silika a cikinsa, shi ma yashin rafi silika ne, amma bambancin shi ne ruwa ya daɗe yana wanke na rafi yana goge masa kaifi, ƙwayarsa manya ce ba ta tashi sama, shi kuwa wanda inji ya niƙa yanzu yana da ƙura mai laushin da ido ba ya gani sosai, tana shiga can cikin huhu ta zauna. Ita ce ke jawo wa masu aikin fasa dutse ciwon huhun nan da ba ya warkewa, kuma tun 1997 hukumar binciken cutar daji ta Hukumar Lafiya ta Duniya ta saka ƙurar silika da ake shaƙa a wurin aiki cikin abubuwan da ke haddasa kansa. Ba cewa nake yaro zai yi wasan yamma ɗaya ya kamu ba, masu aikin shekara da shekaru suke shaƙa, amma me zai sa in zuba wannan abu a tsakar gidana, a garin da dama hunturu ke cika mana hanci da ƙura, ga ɗaya daga cikin yaran maƙotan yana da asma. Dattijon da kansa ya ce wa ɗan kamashon kai bar Hajiya, wannan ko mu in muna juye shi sai mun rufe hanci. A nan ya fara burge ni.

Tambaya ta biyu da ya kamata ki yi, wadda na lura ba su saba jin ta ba, ita ce daga ina. Yashin da ake gini da shi a Kano yawanci daga rafukan kudancin gari yake zuwa, wajejen Challawa da kogin Kano da can Wudil. To duk ɗan Kano ya san akwai masana'antun jima a Challawa da Sharada da Bompai, ya kuma san kalar ruwan da ke fitowa daga wasu magudanan, da warinsa, jima ta zamani da sinadarin kuromiyam ake yin ta. Rafin Jakara kuwa, da ke kwashe ruwan kwatar cikin gari, ba sai an faɗa ba. Ga mai bulo wannan ba damuwarsa ba ce, siminti zai haɗiye komai, amma ni na ce wa dattijon Baba don Allah daga sama nake so, inda ruwan bai riga ya biyo ta bayan kamfanoni ba, kuma daga tsakiyar rafi ba bakin gaɓa inda shanu ke tsayawa shan ruwa ba. Ya ce zai ɗan fi tsada saboda nisa kuma ba yau ba, na ce na ji. Na fi yarda da wanda zai ce min ba yau ba a kan wanda zai ce an gama kafin ma in rufe baki.

Abin da ya sa nake tsananta wa kan asalin ƙasa, duk wanda ya yi wayo a 2010 ya tuna abin da ya faru a Zamfara, a ƙauyukan Anka da Bukkuyum irin su Bagega da Dareta, inda gubar dalma ta kashe yara sama da 400. Duwatsun zinare ake kawowa cikin gida ana dakawa ana niƙawa, ƙurar ta bi ƙasar tsakar gida, yara na rarrafe a kai suna kai hannu baki. Da aka zo gyara sai da aka kankare ƙasar saman gidajen aka kwashe aka zubo sabuwa. A ido ƙasar nan ba ta da wani bambanci da kowace. Kano ba a haƙar zinare a tsakar gida, amma akwai masu fasa tsohon batirin mota, akwai garejin makanikai, akwai tsohuwar bola da aka share aka mayar fili, kuma irin ƙasar cikon da ake sayarwa da arha ba mai ce miki daga ina aka kankaro ta. Arha dai ba ta ado.

Kafin in biya na yi gwajin da wani birkila ya taɓa nuna wa maigidana, kuma shi zan ce kowa ta yi don ba ya cin ko sisi. Ki samu gorar ruwa ta roba mai haske, ki zuba yashin ya kai kamar kashi ɗaya cikin uku, ki cika da ruwa ki girgiza sosai ki ajiye. Yashi na gaske nan take zai kwanta a ƙasa. Sai ki ga wani siririn layi mai laushi yana taruwa a kansa a hankali, wannan laka ce da ƙura, ruwan sama kuma ya yi kalar kunun kanwa ko ya washe. Na kaushin ruwansa ya washe da wuri, layin lakar da ƙyar ake ganinsa. Na filastar kuwa layin ya kai kaurin ɗan yatsana, ga wasu 'yan baƙaƙen abubuwa da guntun ciyawa suna yawo a sama, ruwan har muka gama ciniki bai washe ba. Direbobin suka zagaye gorar suna kallo, ɗaya har yana cewa Hajiya injiniya ce. Ki kuma buɗe ki sansana, in kika ji warin gas ko na kwata ko wani ɗoyi-ɗoyi, ki bar shi. A ƙarshe wani matsakaici na ɗauka, yashin rafi ne amma ba mai manyan tsakuwa ba, ya ce irin wanda masu tayil ke so.

Yanzu inda makin ya zube. An ce min da safe, sai bayan la'asar motar ta iso, waya kuma in an ɗauka sai a ce ga mu nan a hanya. Wannan dai na saba, ban riƙe shi ba. Na biyu, ba sa sayar da kaɗan. Wurin da na gina tsawonsa mita 2 faɗinsa mita 1 da rabi, zurfin yashin da nake so kamar santimita 25, in kika lissafa bai kai kubik mita ɗaya ba, nauyinsa ya ɗan haura tan ɗaya, baro goma sha wani abu kenan. Su kuma ƙaramar tifa ma ta ninka wannan sau da yawa, kuma ko rabi kika ce kuɗin gas ɗinsu ɗaya ne. Allah ya taimake ni akwai mai gini a layinmu, muka yi magana ya karɓi ragowar, in ba haka ba da tsibin yashi zai zauna min a ƙofar gida awaki da magunan unguwa su mayar da shi masai. In ba ki da irin wannan maƙocin, ki nemi masu kurar yashi ko ki roƙi mai gidan bulo ya auna miki da baro, amma nan ma ki tambayi asali.

Na uku shi ne ya fi ɓata min rai. Bayan motar ba a share shi ba kafin a loda. Da aka juye a bakin lungu, don motar ba ta iya shiga ba sai da leburori suka yi ta jigila da baro, can ƙasan tsibin sai ga ɓaraguzan tsohon gini, gutsuren tayil, wani lanƙwasasshen ƙusa mai tsatsa, da wani wuri da yashin ya yi baƙi yana warin mai. Alama dai motar ta kwashi ɓaraguzai kafin ta tafi rafi. Na kira dattijon na faɗa masa, bai musa ba, ya ce Hajiya a yi haƙuri yaran mota ne, ya kuma ce in bar na ƙasan wa mai gini in ɗebi na sama. Haƙurin ya bayar da ladabi, amma ni na riga na gaya masa tun farko na yara ne. Don haka ki faɗa da bakinki a share bayan mota, ki maimaita wa direban shi ma, kuma ki ɗebi naki daga saman tsibi da tsakiya.

Ko da ya zo da tsafta ba a zuba shi haka. Na ari rariyar birkila, irin wadda ake kafe ragar waya a jikin katako a jingine ta ana watsa yashi da shebur, muka tankaɗe shi duka. Abin da ya rage a bayan rariyar sai da na tara a kwano na nuna wa maigida: ƙananan tsakuwoyi, bawon katantanwa, ƙaya, busasshen kashin akuya, da wani ɗan gilashi kore da ruwa ya goge amma gefe ɗaya da sauran kaifinsa. Bayan nan wanki. A baro muka riƙa zubawa rabi, a cika da ruwa a juya da shebur a tsiyaye, a sake, har sai ruwan da ke fita ya daina yin ja. Ruwa yake ci ba kaɗan ba, ɗan garuwanmu ya yi ciniki ranar. Sai shanya a kan tamfol a rana, a baza shi siriri ana juyawa har ya bushe ƙarau. Aiki ne, ba zan ɓoye miki ba, kuma da a ce masu tifar nan za su riƙa sayar da tankaɗaɗɗe wankakke a buhu da masu makarantun naziri kaɗai sun ishe su ciniki.

Akwatin da za a zuba yashin kuma da bulo na sa aka yi, layi biyu, aka shafe bakin ya yi santsi. Da farko katako na so, kafinta ya ce sai an shafe shi da baƙin mai ko maganin gara in ba haka ba damina ɗaya gara za ta cinye shi, to ni kuma ba zan haɗa baƙin man inji da abin da yara za su zauna a kai su riƙe su lasa ba. A ƙasa an zuba tsakuwa, aka shimfiɗa buhunan shinkafa da aka farke, su suna barin ruwa ya wuce amma ba sa barin ƙasar gida ta cakuɗe da yashin. Kada a yi wa ƙasan siminti sai an bar hanyar ruwa, in ba haka ba ruwan Agusta zai mayar miki da shi kududdufi.

Abin da ya fi zaɓen yashin kansa muhimmanci a wajena shi ne murfi, kuma dalili ɗaya ne, mage. Duk tsaftar da kika yi, mage in ta ga yashi mai laushi a killace ta samu banɗaki, kuma ba za ki gani ba don binnewa take. Kashinta na ɗauke da ƙwayar cutar toksoplasma, wadda ta fi haɗari ga mai ciki saboda abin da ke cikinta, ƙwayar kuma ba ta fara harbi sai kashin ya yi kwana ɗaya zuwa biyar a waje, shi ya sa dubawa kullum ke da amfani. Akwai ƙwan tsutsar ciki na mage da kare da ke iya daɗewa a ƙasa watanni yana nan da ransa. Akwai kuma wata 'yar tsutsa da ke shiga ta fatar ƙafa ko ɗuwawu, sai ki ga wani jan layi a murɗe yana tafiya ƙarƙashin fata yaro na ta susa, yashi mai laima a inuwa shi take so. Abin da mutane da yawa ba su sani ba, Hypo da Dettol da Izal ba sa kashe waɗannan ƙwayayen, ɓawonsu tauri gare shi, don haka in kin tarar da kashi kada ki yayyafa magani ki ce an gama, ki sa shebur ki kwashe shi da yashin da ke kewaye da shi da na ƙarƙashinsa ki zubar. In kina da ciki ki ba wani ya yi.

Tamfol yana rufewa amma yana tara ruwa a tsakiya sauro ya samu wurin ƙwai, ƙarƙashinsa kuma gumi yake yi yashin ya yi warin rima. Ni firam na sa mai walda ya yi min mara nauyi, aka ɗaura ragar waya mai ƙananan ido, iska na shiga rana na shiga mage ba ta shiga, kaji ma haka. Da damina kawai nake ɗora tamfol a kai, a karkace don ruwa ya gangare. Dokar gidan ita ce wanda ya fita ƙarshe shi zai kira ni mu rufe, kuma ba a cin komai a ciki, don guntun biskit ɗaya ya isa ya gayyato tururuwa da cinnaka.

Kafin su shiga sai na bi yashin da manjagara, minti biyu ne, musamman lokacin zafi da kunama ke fitowa tana neman wuri mai sanyi, kusurwoyi da jikin bulo nan nake fi dubawa. Don Allah kada wadda ta ce za ta fesa fiya-fiya ko Sniper a ciki don ƙwari, guba ce tsagwaronta kuma hannun da ya taɓa yashin shi zai shiga baki. Tafasasshen ruwa a ramin tururuwar ya wadatar, yara na nesa.

Da hunturu yashin bushewa yake ya riƙa tashi, sai in yayyafa ruwa da buta ya ɗan yi danshi, ya ma fi musu daɗin gini a haka. Watan Maris zuwa Mayu kuma da zafin Kano ke haura digiri 40, yashin da rana ta daka da azahar yana ƙona tafin ƙafa, ki sa bayan hannunki ki ji kafin ki bar su, ni sai bayan la'asar nake buɗewa. Rumfa ta fi gindin bishiya, don darbejiya ganye da 'ya'ya take zubarwa ga kashin tsuntsu. In yashi ya shiga ido a wanke da ruwa mai tsafta da yawa, ba murzawa, busawar nan da muke yi ma ba ta fitar da shi duka. Suna fitowa kuma sabulu, har ƙarƙashin farce.

Wata ƙawata ta ce me ya kai ni duk wannan wahala ga yashi mai kala-kala ana sayarwa a roba a manyan kantuna. Wannan na wasan kan tebur ne, 'yar roba ce da ba za ta cika ko kwano ba, kuma zuwa a kwali daga waje ba shi ne tsafta ba, a ƙarshen 2025 a Ostareliya da New Zealand sai da aka janye wasu irinsa daga kasuwa bayan an gano asbestos a ciki, wani sinadari da ke haddasa kansa in an shaƙa, har aka rufe makarantu don a share.

Shekara na zagayowa zan kwashe wannan in zuba a bayan gida in sa sabo, don duk kula sai ya yi datti kuma raguwa yake, rabi a aljihun wando yake fita. Wajen dattijon nan zan koma, da gorata, kuma kafin ruwa ya sauka zan je, don da zarar rafi ya kawo motoci ba sa iya shiga, yashi ya yi wuya ya yi tsada, wanda za a kawo miki ma jiƙaƙƙe ne da ba ya bin rariya.